Ranar da Dawo-Gobe Ya Tashi Jawo Ruwa Daga Wata Duniya

Ranar da injin jan ruwa na benen ya cika kwana shida a mace, ranar ce mai gyaran rediyon da ke ƙarƙashin matakala ya sanar da cewa shi ya wuce gyaran inji, duniyoyi zai haɗa.

Sunan da ya raɗa wa kansa Farfesa, har ya rubuta shi da jan fenti a jikin ƙofarsa. Sunan da mutanen benen suka raɗa masa kuwa Dawo-Gobe, domin tun da aka san shi ba wanda ya taɓa kai masa rediyo ko fanka ya ji wata amsa ban da wannan. Shekara ashirin da biyu yana zaune a lungun nan, shi da dogon bencinsa da ƙwan fitila guda da matattun rediyoyi jibge har rufi. Lungun ba nasa ba ne, na tsohuwar da ke da benen ne, wadda kowa ke ce wa Iya. Ta bar masa shi a kan sharaɗi ɗaya tak, duk abin da ya lalace a gidan shi zai gyara.

Da hantsin ranar Iya ta sauko tana dogara sanda, mataki ɗaya hutu ɗaya, ta tsaya a bakin lungun tana haki.

"Kai, Dawo-Gobe!"

"Farfesa dai, Iya."

"Ko Sarkin Aljanu ne kai, ni ruwa nake so. Gida goma sha huɗu a benen nan, kwana shida ba ɗigo a famfo. Mata na tsallaka titi suna ɗibo ruwa, suna hawa da shi hawa huɗu a ka. Ina injin?"

"Yana ƙarƙashin bincike, Iya."

"To, bincike ya ƙare ranar Asabar. In rana ta take tsaka ban ga ruwa ba, ka kwashe tarkacenka. Makullin lungun nan na mai guga ne."

Mai guga, wanda teburinsa ke bakin ƙofar gida cikin rana, ya ɗago kai ya yi wa lungun wani irin kallo, irin wanda akuya ke yi wa kwanon dusa. Shekara biyar ke nan yana soyuwa a waje yana ƙiyasta inda zai kafa teburinsa a cikin inuwar nan.

Da mai hankali ne, da sai ya ɗauki sukurudireba ya buɗe injin ya sauya abin da ya ƙone, aikin da bai wuce awa guda ba. Amma Dawo-Gobe ya kalli wani bidiyo a waya, na waɗansu masana masu fararen riguna, cikin harshen da ba ya ji sai kalma ɗai-ɗai, kuma cajin wayar ya ƙare kafin ya kai rabi. Ɗan abin da ya tsinta ya cika masa kai fal. Sai ya hau kan bencinsa ya tafa hannu, masu bokitai suka tsaya.

"Jama'a, kun san abin da ake kira kwantam?"

"Ba mu sani ba, kuma lafiyarmu lau," in ji mai aski, wanda shagonsa ke fuskantar lungun.

"To, ku buɗe kunne. Kowane abu a duniya, ni da ku da bokitin nan, da ƙananan ƙwayoyi aka gina shi, waɗanda ido ba ya gani. Kowace ƙwaya tana da 'yar'uwarta a wata duniyar da ke manne da tamu, kamar ɗaki da ɗaki, bango kawai ya raba. A can ma akwai benen nan, akwai Iya, akwai inji. Bambancin kawai, injin can garau yake, tankinsu cike yake har baki. Ni kuwa zan ƙera na'urar da za ta daidaita ƙwayoyinmu da nasu. Da na murɗa, halin da tankinsu yake ciki shi namu zai shiga."

Wata nas da ke zaune a hawa na uku ta sauke jarkarta ta dube shi. "A can ɗin ma akwai kai?"

"Akwai ni mana."

"Allah ya ba su haƙuri."

"Farfesa," in ji mai guga da ladabin mugunta, "in haka ne, don Allah ka fara daidaita rediyona da na can. Tun bara yake wurinka."

Dawo-Gobe bai ko dube shi ba. Ya ce duk manyan masu ƙirƙira sai da jahilai suka yi musu dariya, ya sauka daga benci, ya taka murfin bokitin wata mata ya fasa.

Da yamma matarsa ta shigo da jarka ta huɗu, ta dire ta a bakin ƙofa ta dafe ƙugu.

"Maigida, don girman Allah ka buɗe injin nan ka gyara. Ni na ji ƙaurinsa ranar da ya mutu, wani ɗan abu ne ya ƙone. Lungun nan shi ne cinmu, shi ne shanmu. In Iya ta karɓe, ina za ka kai bencin?"

"Ke ba ki san wanda kike aure ba. Mutumin da zai girgiza duniya biyu kike cewa ya tsuguna gaban inji kamar bakanike?"

"Ni dai bayana ne ke girgiza."

"Ranar Asabar za ki yi wanka da ruwan da bai taɓa ganin rana irin tamu ba."

"Ko wanda ya gan ta ma na gode," ta ce, ta ja jarkarta ciki.

Washegari na'ura ta fara bayyana. Gawar wani tsohon firji ce ya jawo tsakiyar hanya, ya kafa mata eriya uku a ka, ya ɗaure mata murfin tukunya a gaba, ya jera mata ƙananan fitilu ja da kore. A ciki ya cusa fanka da hanjin rediyo bakwai. Da ya rasa wayar tagulla, sai ya kwance injin ruwan kansa gunduwa-gunduwa, ya zare tagullar cikinsa ya nannaɗe ta a sandar tsintsiya, ya tura sauran ƙarafan a ƙasan firjin ya rufe. A ganinsa, wanda zai jawo ruwa daga wata duniya ba ya bukatar inji.

Gwaji na farko da agogo aka yi. Mai aski yana da agogon bango da ya mutu a kan ƙarfe huɗu da rabi tun shekara uku. Dawo-Gobe ya lallaɓi nas ta ba shi aron nata na tebur, mai lafiya, wanda ke tashe ta zuwa asibiti. Ya ce wannan ƙaramin misali ne, mai rai zai koya wa matacce tafiya. Ya sa su biyun cikin firjin, ya rufe, ya jona wuta. Fitilu suka yi ta ƙyafta ido, fanka ta yi gurnani, wani ɗan hayaƙi ya sulalo ta gefen ƙofa. Da aka buɗe, agogon mai aski yana nan a ƙarfe huɗu da rabinsa, na nas kuwa ya tsaya cak, bayansa ya narke.

Dawo-Gobe ya ɗaga su sama, ɗaya a kowane hannu. "Jama'a, me kuka gani?"

"Mun ga ka kashe mini agogo," in ji nas.

"Da ɗaya na tafiya ɗaya na tsaye. Yanzu fa? Halinsu ɗaya. Sun daidaita! Abin da ya rage kawai in juya wa na'urar fuska, ta riƙa daidaitawa ta wajen alheri."

Abin takaici, sai da aka sami mutum biyu-uku suka gyaɗa kai. Ƙishirwa ba ta bar wa kowa wayo ba.

Gwaji na biyu ranar Alhamis ne da la'asar. Ya ce zai ƙara wa na'urar ƙarfi don ta jiyo tankin can duniyar, ya ja waya kai tsaye daga babban akwatin wutar gidan. A daidai lokacin mai guga yana zaune a kujerar mai aski, an sauke masa gashin ɓarin dama tas, ana shirin shiga na hagu. Dawo-Gobe ya ce "Bismillah," ya danna. Aka ji tau! Wutar benen gaba ɗaya ta ɗauke, eriya guda ta yi tsalle ta faɗa cikin bokitin wani. Injin aski ya mutu a tsakiyar kan mai guga, ya cije gashin ya ƙi saki.

Mai guga ya fito da ƙyallen aski a wuya, inji na reto a kansa, rabi gashi rabi ƙwal.

"Farfesa! Dube ni!"

"Na gan ka. Alama ce mai kyau."

"Alama?"

"Ɓarin nan na wannan duniya ne, wancan na waccan. Kanka ya shiga tsakani. Mutane nawa ne suka taɓa samun wannan daraja?"

Sai da mai aski da wani direba suka rirriƙe mai guga, don dutsen guga ya ɗauko, kuma da garwashi a ciki. Iya ta leƙo daga sama ta ɗaga yatsu biyu. Saura kwana biyu ke nan.

A nan Dawo-Gobe ya fara tsorata. Ranar Juma'a da rana ya hau rufin benen shi kaɗai, wai zai auna iska. Ya ƙwanƙwasa tankinsu, ya ji yana amsawa kamar ganga. Ya tuna da injin da ya mayar gunduwa-gunduwa, ya tuna da mai guga. Yana cikin haka sai idonsa ya faɗa kan benen gefe, wanda ɗan siririn lungu ne kawai ya raba su da shi. Ga tankinsu can baƙi ƙirin, cike, har gefensa na naso. Mata na ta shanya a kusa da shi suna hira, ba abin da ya dame su.

Nan take wata dabara ta faɗo masa, ya kuwa yaba wa kansa. Ai ga wata duniyar nan kusa, in ji shi a ransa, bene kamar namu, tanki kamar namu, bango kawai ya raba. Ba sata ba ce, taimaka wa na'ura ne kafin ta yi ƙwari. Da masu shanya suka sauka, ya ɗauko wani dogon tiyo, ya ɗaura bakinsa ɗaya a famfon da ke gindin tankinsu, wanda ake buɗewa in za a wanke shi, ya jefa sauran zuwa rufin maƙwabta. Ya sauka ya je ya gaya wa maigadin can cewa eriyar wani zai duba, ya hau, ya ɗaga murfin tankinsu ya zura tiyon har ƙasa. Ya dawo ya lulluɓe nasa ɓangaren da tsohon tamfol.

Mutum ne da ya ƙare rayuwarsa tsakanin waya da soket. A wurinsa tiyo waya ce mai rami. Wuta ba ruwanta da sama ko ƙasa, in ka jona ta sai ta taso daga inda take ta tafi inda babu, kuma ya ɗauka ruwa ma haka yake. Ko sau ɗaya bai tsaya ya ƙirga ba, cewa benen maƙwabta hawa uku ne, nasu hawa huɗu.

Saura abu ɗaya. Yana tsoron kada tiyon ya yi jinkiri a gaban Iya, yana so ko yaya a sami abin da zai zubo a famfo. Don haka da yamma ya sake hawa benci.

"Na'ura ta kammala. Amma ƙwayoyin can ba za su gane tankinmu ba sai sun ji ɗuriyar 'yan'uwansu a ciki. Gobe da safe kowane gida ya hau da ruwan da yake da shi ya juye a tanki. Iri ne. Bokiti ɗaya ka zuba, ɗari za ka girba."

"In mun zuba ruwa a tanki ai dole famfo ya kawo," in ji mai guga, wanda yanzu ya koma yawo da hula. "Wannan ko jaririn goye ya iya."

"Shi ya sa za a sa sanda a auna, a yi alama. A gaban idonku ruwa zai taso har baki. Amma ku sani, duk gidan da bai zuba ba, na'ura ba za ta san da famfonsa ba. Ruwa zai wuce ta ƙofarsa ya shiga gidan maƙwabcinsa."

Wannan magana ta ƙarshe ita ta yi aiki. Ba wanda ya yarda da Dawo-Gobe, amma kuma ba wanda ke so a ce kowa ya samu ban da shi. Nas ta ce ita za ta zuba ne don ta sami bakin zaginsa. Mai aski ya ce shi don matarsa zai zuba. Mai guga ya ce shi ba ya zaune a gidan, kallo kawai zai zo.

Ranar Asabar tun da safe matakala ta cika da nishi. Jarkoki, bokitai, baho, tukwane, har da butar wani tsoho, duk aka yi ta hawa da su. Ruwan da aka tsallaka titi aka bi layi aka ɗebo, aka yi ta tattalinsa ana wanke kwano da kofi guda, shi aka juye ƙurmus cikin tanki. Matar Dawo-Gobe ce ta ƙarshe. Ta tsaya da jarkarta a bakin tankin ta dube shi ido cikin ido.

"Maigida, wannan ce ta ƙarshe a ɗakinmu. Ko na girki ban rage ba. In zuba?"

Ya ji wani abu ya ɗan soke shi a ƙirji, amma mutane na kallo. "Zuba mana! Matar Farfesa ce za ta yi shakka?"

Ta zuba.

Ƙarti huɗu suka hau da firjin, suna hawa suna tsine masa. Ya sa aka ajiye shi daidai gaban famfon gindin tanki, don ya rufe shi. Ya riga ya ɗaura wa kan famfon wani dogon ƙarfe da waya, ya shafa masa jan fenti, ya ce shi ne Babban Makunni. Aka kawo wa Iya kujera da lema. Nas ta hau kan durom ta zura sandar mofa ta goge ƙasa cikin tanki, ta zaro, ta ɗaura zare a inda ruwa ya tsaya. Ya ɗan haura rabi.

Dawo-Gobe ya fito cikin farar rigar da ya ara a kantin magani, hannunta bai kai masa wuyan hannu ba. Ya yi jawabi. Ya ce yau jikokin jikoki za su riƙa tambaya wa da wa ke kan rufin nan. Ya ce ya yafe wa masu hassada, musamman masu rabin gashi. Ya ce in masana suka zo daga ƙasashe kada kowa ya yi musu magana sai ta hannunsa.

"Rana na tafiya," in ji Iya.

Ya jona wuta, fitilu suka kama, fanka ta ɗauki gurnani. Ya tofa yawu a tafin hannu, ya kama Babban Makunni ya murɗa. Sai aka ji tanki ya yi ƙululu, ƙululu.

"Kun ji? Duniya biyu ke gaisawa!"

Waɗansu suka fara tafi. Nas ta zura sanda ta zaro, ta ƙura mata ido.

"Ya ragu da yatsa biyu."

"Ja da baya ga rago ba tsoro ba ne. Sake aunawa."

Ta sake. "Yatsa huɗu."

"Samfuri suke ɗauka. Ai sai sun ɗanɗana namu kafin su aiko nasu."

"To, mutanen nan akwai ƙishirwa," in ji mai aski. "Ko su ma kai ne ke gyara musu inji?"

"Taƙi guda," in ji nas, muryarta ta fara sauyawa. "Farfesa, ruwan nan tafiya yake yi."

Tafi ya mutu. Wata mata ta ce a kashe abin nan haka. Dawo-Gobe ya yi dariyar da ba ta kai ciki ba, ya ce bari ya ɗan rage mata ƙarfi, ya kama ƙarfen ya murɗa baya da sauri. Ƙarfen ya ɓalle ya biyo hannunsa, tare da kan famfon gaba ɗaya. Ya tsaya riƙe da shi yana kallo, tanki kuwa bai fasa ƙululunsa ba.

Ana cikin haka sai ihu ya taso daga ƙasa, ta gefen benen maƙwabta. Kowa ya ruga bakin katanga ya leƙa. Tankin maƙwabta, wanda dama cike yake, ya ɗaga murfi yana ambaliya ta kowane gefe. Ruwa ya malale rufinsu, ya bi ta kan katifu uku da aka shanya, ya sami ƙofar matakala ya gangara ciki. Mata na ta kwashe shanya suna salati. Maigadin can ya fito da wando naɗe har gwiwa, ya zaro tiyo daga cikin tankin, ya ɗaga shi sama yana feshi, ya bi shi da ido har zuwa rufin da ke samansa.

"Kai, mutanen sama! Wane mara mutunci ne ya zuro mana wannan?"

Mai guga ya juya ya dubi tamfol ɗin nan. A hankali ya taka ya kama gefen tamfol ya yaye. Ga tiyo nan kwance, ya fito daga bayan firji ya haura katanga, ya kumbura da ruwan gida goma sha huɗu.

"Farfesa," ya ce, "ga mutumin waccan duniyar yana kira. Ka amsa masa mana."

Maigadin ya kare ido da hannu. "Af! Ai kai ne mai eriya na jiya! Ruwanmu ka zo sata, ko naku ka zo zubarwa?"

"Wannan," in ji Dawo-Gobe, "wayar ƙasa ce. Kowace na'ura tana bukatar..."

"A naɗe tiyon!" nas ta daka tsawa. "Ku lanƙwasa shi, ruwanmu na ƙarewa!"

Dawo-Gobe ya yi wuf don ya riga kowa, ya kama tiyon ya fizga da ƙarfinsa duka. Maimakon ya lanƙwashe, sai ya fice daga gindin tanki. Ruwan da ya rage ya yi tsiri, ya doke shi a ƙirji ya zaunar da shi, ya wuce ya shiga bayan firji. Aka ji tau, wutar benen ta sake ɗaukewa, murfin tukunya ya yi sama ya faɗa lungu yana ƙara. Mutane suka yi ta tara bokitai da tafin hannu, ana ture juna ana zamewa, tsohon nan na neman butarsa. Kafin a sami tsumman da za a toshe, tanki ya yi gyatsa ya yi shiru.

Firjin ya karkata, ƙofarsa ta buɗe, kayan cikinsa suka zubo a gaban kujerar Iya. Ta sa sanda ta juya wani koren ƙarfe, ta sake juya wani.

"Wannan ba murfin injina ba ne?"

Ta karkata sandar ta nuna gefe.

"Wancan kuma ba cikinsa ba ne a jikin tsintsiya?"

"Iya, a kimiyyance..."

"Ni ban yi boko ba," in ji Iya. "Amma tun ina yarinya na san ruwa ba ya hawa tudu. Kai shekararka hamsin da ɗoriya, da gemunka, sai da ka shayar da maƙwabta ruwan marayu kafin ka sani." Ta miƙa hannu. "Makulli."

Ya dubi jama'a ko zai ga fuska ɗaya mai tausayi. Nas na matse zanenta, mai aski na juya bokitinsa da babu komai, daga ƙasa maigadi na ta lissafa katifu yana kiran a sauko a yi magana. Ya laluba aljihun rigar aro, ya zaro makullin yana ɗigar ruwa. Iya ba ta ko riƙe shi ba, ta nuna mai guga da haɓa. Mai guga ya cire hula, ya karɓa hannu bibbiyu.

Kafin la'asar an fitar da matattun rediyoyi an jibge a bakin titi, kowa ya zo yana tona nasa yana tsaki. Mai guga ya ɗaura igiya daga wannan bango zuwa wancan, yana waƙa ƙasa-ƙasa. Saura bencin, dogo ne mai nauyi, mutum ɗaya ba ya ɗaga shi. Dawo-Gobe ya tsaya a kansa yana waige-waige. Ƙartin da suka hau masa da firji da safe suka wuce da jarkoki za su tsallaka titi, ko kallonsa ba su yi ba. A lokacin ne abin ya dake shi sosai, ya ji idonsa na zafi, don bai san ko'ina a duniya ba sai wannan lungu.

Matarsa ta sauko da jarkar da babu komai a hannu. Ta dube shi, ta dubi bencin, ta ajiye jarkar ta kama gefe ɗaya.

Ya share fuska da hannun riga, ya gyara murya. "Ke ba ki gane ba ne. Lissafina daidai yake. A waccan duniyar na'urar ta yi aiki. Yanzu haka ana can ana ɗaga ni sama, Iya ta ba ni shago mai ƙofa biyu, ke kuma..."

"Maigida."

"Na'am?"

"Ɗaga naka gefen. A wannan muke."

Ya sunkuya ya ɗaga.